Farashin da Marigayi Ya Rubuta

Duk layin nan, in kana neman telan da ya fi Gwaggo yawan aiki, sai dai ka gaji da nema. Tun kafin sauran masu shaguna su buɗe za ka ji kekenta yana ƙara, kuma ita ce ta ƙarshe da ke rufe ƙofa. Yadi a kan tebur, yadi a kan benci, yadi cikin ledoji an rataye a ƙusa, kowace leda da sunan mai ita a jikin ɗan ƙyalle. Wanda ya leƙo zai ce matar nan ai ta yi sallama da talauci. Ina! Ranar da ta ci nama sai ta ba maƙwabta labari.

Abin da take so a duniya kuwa guda ɗaya ne, kuma ba wani babban abu ba ne: ta je ta ga jikarta. 'Yarta tilo tana aure a wani gari mai nisa, tafiyar kwana biyu a mota, kuɗin zuwa da dawowa dubu arba'in. Mijin ƙaramin ma'aikaci ne, albashinsa ba ya ganin ƙarshen wata, ita kuma 'yar ba a ba ta hutun da zai ishe ta irin wannan tafiya. Lokacin haihuwa Gwaggo ta ce za ta je, kuɗin bai haɗu ba. Ta ce to in yarinyar ta fara zama, bai haɗu ba. Yanzu ga yarinya ta shiga shekara ta huɗu, Gwaggo ba ta taɓa ɗaukarta ba, ba ta san nauyinta ba, ba ta san ƙamshin kanta ba. Muryarta kawai take ji duk ranar Lahadi a 'yar ƙaramar wayarta mai maɓallai. Hotuna kuwa sai dai a turo ta wayar mai kitso, maƙwabciyar shagonta kuma aminiyarta, wadda bakinta ba ya hutawa.

Duk sa'ad da sabon hoto ya zo, Gwaggo sai ta ƙura masa ido, ta auna kafaɗar yarinyar da ka, ta tattara ƙyallayen da suka rage mata masu kyau ta ɗinka 'yar riga. Ta goge, ta ninke, ta sa a akwatin da ke ƙarƙashin tebur. Mai kitso ta ce mata ta ba direba ya kai, ta ce a'a, da hannunta za ta sa wa yarinyar. Riguna tara ke nan a akwatin, takwas daga ciki ta san sun riga sun yi kaɗan. Wani lokaci in ba kowa a shagon sai ta fito da su ta jera a cinya, ta yi ta kallo, kewa ta cika ta har ta rasa inda za ta sa kanta.

Ba wai ba ta tari ba ne. Akwai wani gwangwanin madara da take jefa kuɗi a ciki da sunan kuɗin mota. Amma in zare ya ƙare, gwangwani. In mai shago ya zo karɓar haya, gwangwani. In aka kawo takardar wuta, gwangwani. Bai taɓa wuce dubu shida ba.

A jikin bangon da ke bayan kekenta akwai wani kwali da aka kafe da ƙusa, ya yi jawur don tsufa. Farashin ɗinki ne a jiki, da rubutun marigayi mijinta, wanda shi ne asalin telan, shi ya koya mata sana'ar. Doguwar riga dubu ɗaya da ɗari biyar. Riga da siket dubu ɗaya da ɗari takwas. Na yara ɗari bakwai. Shekara bakwai da rasuwarsa, kwabo bai ƙaru a kan abin da ya rubuta ba.

Mai kitso ta yi magana har ta gaji. "Gwaggo, wai ke a wace shekara kike zaune? Zaren da kike saye yau, kuɗinsa ɗaya da na wancan lokacin?"

"Shi ya rubuta," in ji Gwaggo, ba ta ko ɗago kai daga keken ba.

"To Allah ya jiƙansa, amma shi yanzu ba ya biyan haya."

"Ki kama bakinki, ko in ɗinke miki shi."

Maganar gaskiya, ba taurin kai kaɗai ba ne. Rubutun hannunsa da ya rage mata a duniya ke nan. Yadda yake lanƙwasa bakwai kamar ƙugiya, yadda sifilinsa ba ya haɗewa a sama. In ta waiwaya ta gani sai ta ji kamar ya fita sayen zif ne, yanzu zai dawo. Ta soke wannan ta rubuta nata a kai? Ko a mafarki.

Ana nan sai ƙungiyar 'yan kasuwa ta kawo wata malama, duk ranar Laraba da la'asar, a wani aji na makarantar da ke ƙarshen layi, wai tana koya wa mutane yadda ake riƙon kuɗi. Da Gwaggo ta ji sai da ta yi dariya har da tari.

"Kuɗin da babu shi za a koya min riƙewa? A fara ba ni tukuna, a ga ko zan yar."

Sati biyu mai kitso tana zuwa ita kaɗai, a na uku ta zo ta cire wa keken Gwaggo bel ta sa a jakarta, ta ce ba za ta bayar ba sai an tashi daga aji. Haka Gwaggo ta bi ta tana mita, ta matsa jikinta a bencin yara, gwiwoyinta suna dukan tebur. Ajin cike yake: mai gyaran takalmi, masu sayar da kayan miya, wani direba da ke gyangyaɗi, mai aski da ya zo da tsumman aikinsa a kafaɗa.

Malamar yarinya ce, ba za ta girmi 'yar Gwaggo ba, amma tana da natsuwa. Ta ce yau ba za ta yi dogon bayani ba, mutum ɗaya take so ya ba da sana'arsa a yi lissafinta a allo. Kowa ya sunkuyar da kai. Sai mai kitso, Allah ya shirye ta, ta kama hannun Gwaggo ta ɗaga sama.

"Sannu Gwaggo," in ji malamar. "Doguwar riga nawa kike ɗinkawa?"

"Dubu ɗaya da ɗari biyar."

Mai aski ya ce, "Kai!" Aka yi dariya.

Malamar ta rubuta a sama. Sannan ta fara tambaya ɗaya bayan ɗaya, a hankali, kamar mai cire ƙaya. Zare nawa riga ɗaya take ci? Zif fa? Shafin da ake sawa a cikin riga, wa ke saye, ke ko mai kaya? Wutar guga? Hayar shago in an raba ta kan rigunan wata? Man keke da allurar da ke karyewa? Gwaggo tana amsawa da gadara, don in dai kuɗin kayan ɗinki ne, ko daga barci aka tashe ta za ta faɗa. Malamar ta ja layi ta haɗa. Dubu ɗaya da ɗari uku.

"Saura ɗari biyu," in ji ta. "Riga nawa kike gamawa a yini?"

"Biyu, in ban tashi ba."

Malamar ta ajiye allin ta juyo. "Gwaggo, kin biya mai zare, kin biya mai shago, kin biya masu wuta. To ke wa ya biya ki?"

Gwaggo ta ji fuskarta ta yi zafi. Kamar hakan bai isa ba, sai wata mai kayan miya ta ce ai telan bayan layi dubu huɗu yake karɓa a wurin mutane, sannan ya ƙunso kayan ya kawo wa Gwaggo ta ɗinka a farashinta, ya je ya sa a ledarsa. Kowa ya sani, in ji ta, ta zaci Gwaggo ma ta sani. Gwaggo kuwa duk zamanta da shi ta ɗauka 'yan'uwa ne suka yi masa yawa.

Ta miƙe, gwiwarta ta bugi tebur. "Ni ban zo nan a tona min asiri ba. Wanda ya sa farashin nan ya fi ku sanin ɗinki gaba ɗayanku." Ta miƙa wa mai kitso hannu. "Ba ni bel ɗina."

Kwana huɗu ba ta yi wa mai kitso magana ba. Ta yi ta aikinta, amma lissafin allon nan ya ƙi barin idonta. Ta ɗauki zare, ta tuna. Ta jona dutsen guga, ta tuna. Wata mata ta ba ta kafin alƙalami ɗari biyar, kafin azahar ta sayi abinci da sabulu da shi, da yamma kuma ta buɗe gwangwani ta ciro kuɗin shafin rigar matar. Ta tsaya da murfin a hannu tana kallon abin da ya rage a ciki.

Ranar Lahadi waya ta yi ƙara. Bayan sun gaisa da 'yarta sai aka miƙa wa yarinyar.

"Kaka!"

"Na'am, ƙawata. Kin ci abinci?"

"Na ci. Kaka, yaushe za ki fito daga cikin wayar?"

Gwaggo ta ƙara manna wayar a kunne. Ta ji uwar tana dariya daga can, tana cewa ai kullum haka take tambaya, har leƙa ramin caji take yi wai ko za ta hango Kaka. Gwaggo ta yi dariyar ita ma, don kada 'yarta ta gane. Da aka kashe wayar ta zauna a bakin gado ta yi kuka sosai, irin wanda ba ta yi ba tun kwanakin rasuwar mijinta.

Washegari da safe ta buɗe shago ba ta taɓa keke ba. Ta tsaya gaban kwalin. Ba za ta soke masa rubutu ba, wannan kam ta yanke. Za ta cire shi ne ta ajiye a akwati tare da rigunan yarinyar, ta nemi wani kwalin. Ƙusar ta yi tsatsa, sai da ta sa bakin almakashi ta ɓanɓare. Kwalin ya faɗo a kife a kan tebur, ƙura ta tashi.

Ashe bayan kwalin cike yake da rubutu.

Ƙananan rubutu ne da fensir, layi-layi, kowane rukuni da shekararsa a sama. Zare kaza. Shafi kaza. Haya kaza. Ladan hannu kaza. A ƙasa jimla, an ja mata layi biyu. Shekara ta gaba kuma an sake, komai ya ɗan ƙaru, jimlar ma ta ƙaru. Ta juya gaban ta duba da kyau, sai ta ga takarda ce aka liƙa a kan takarda, har biyar, kowace da farashinta. Mutumin da ta shekara bakwai tana tsare wa farashi, shi bai taɓa barin farashinsa ya shekara biyu ba.

Nan ta tuna. Duk farkon shekara yakan sauke kwalin nan ya zauna a bakin ƙofa da fensir a bayan kunne, ya ce kada a dame shi. Ita tana can tana ɗinki, ta ɗauka ƙura yake gogewa. Shi ke sayen kaya, shi ke karɓar kuɗi, ita nata ta yanka ta ɗinka. Bai taɓa zaunar da ita ya nuna mata ba, ita ma ba ta taɓa tambaya ba, don dukansu sun ɗauka akwai sauran lokaci.

A cikin kowane rukuni akwai wani layi na ƙarshe da ta kasa ganewa sai da ta kai kwalin bakin ƙofa wurin haske. An rubuta: na maman yarinya. Hamsin a shekarar farko, ɗari a ta ƙarshe, a kan kowace riga. Kuɗin da yakan miƙo mata ƙarshen wata ke nan, ya ce ga wannan ki sayi abin da ranki ke so, ita kuwa tana zaton kyauta ce ta ranar da kasuwa ta yi kyau. A can ƙasa, gefen shekarar da ya rasu, ya rubuta: a sake dubawa bayan wata shida, zare na tashi.

"Kai ma dai," in ji Gwaggo, da kwalin take magana. "Kai ma dai, da ka faɗa min mana. Shekara bakwai fa!"

Mai kitso ta ji murya ta leƙo, ta ga hawaye, ta manta ana fushi da ita. Gwaggo ta miƙa mata kwalin. Ta karanta har ƙasa, ta sake karantawa. Can ta ce, "Ashe malamarmu a bayanki take rataye tun tuni."

Ranar Laraba Gwaggo ce ta fara isa aji, da kwalin a cikin leda. Ta ce wa malamar, "'Yar nan, ki yi haƙuri da abin da na yi rannan. Zo ki taya ni, irin wannan nake so mu yi, layi-layi yadda ya yi." Suka zauna suka jera komai a farashin yau, suka sa ladan hannu na gaske. Doguwar riga ta tashi dubu uku da ɗari biyar. Gwaggo ta dafe ƙirji ta ce wallahi ba za ta iya faɗar wannan da bakinta ba. Malamar ta ce ba sai ta faɗa ba, ta nuna kwali kawai, ai ta saba. Layin ƙarshe kuwa Gwaggo da kanta ta karɓi fensir ta rubuta: na ƙawata, ɗari uku.

Malamar ta ƙara mata abu biyu. Gwangwani ɗaya ba ya isa, ta nemi uku: na shago, na gida, na tafiya, kuma kada wani ya ranci wani. Sannan kafin alƙalami ba nata ba ne sai ranar da mai kaya ya karɓi kayansa, ta maƙala shi da fil a cikin ledar mai shi.

Kada ka zaci daga nan komai ya tafi sumul. Satin farko rabin masu kawo ɗinki suka gudu. Wata ta ce Gwaggo ta shiga ƙungiyar masu tsada, wata ta kwashe yadinta tana cewa duniya ta lalace. Telan bayan layi ya zo da ƙunshinsa, ya karanta sabuwar takardar da Gwaggo ta liƙa a kan tsohon kwalin kamar yadda marigayi yake yi, ya ce, "Gwaggo, lafiya?" Ta ce, "Lafiya lau, gaishe min da 'yan'uwan naka." Bai sake dawowa ba. Akwai ranar da keken bai yi ƙara ba sai bayan azahar, Gwaggo ta zauna tana kallon benci babu ko leda. Sau biyu ta kai hannu za ta ɓare sabuwar takardar, sai ta tuna abin da ke bayan kwalin ta janye.

Waɗanda suka san ɗinki dai sun dawo, don hannun Gwaggo ba a samunsa a ko'ina. Aikin ya ragu zuwa riga ɗaya a yini, bayanta ya daina ciwo, kuma abin da ya ba ta mamaki, gwangwanin gida bai taɓa zama fayau ba. A wata na uku bel ɗin keke ya tsinke da gaske. Hannunta ya tafi kan gwangwanin tafiya da kansa, don sabo. Ta tsaya, ta mayar da shi, ta buɗe na shago, ta tarar akwai abin da zai isa. Ranar sai da ta kira mai kitso ta nuna mata, kamar wadda ta ci jarrabawa.

Wata shida da 'yan kwanaki, ta juye gwangwani na uku a kan tebur, mai kitso tana taya ta ƙirgawa tana kuskure da gangan don a sake. Dubu arba'in da ɗaya da ɗari huɗu.

Ba ta ɗinka riga ta goma ba. Ta sayi yadi mai kyau, sabo, ba ragowar kowa ba, ta ninke shi yadda yake ta sa a jaka tare da tef ɗin awonta. Ta ce wannan karon ba za ta yanka da ka ba.

Kwana biyu a mota, ƙafafunta suka kumbura, ba ta ko kula ba. 'Yarta ta tarye ta a tasha, suka rungume juna suna kuka har masu ɗaukar kaya suka gaji da jira. A gida kuwa, da suka shiga ɗakin, sai ga yarinyar tsaye a bakin labule, ta fi hotunanta tsawo, da takalmi ƙafa ɗaya. Gwaggo ta durƙusa ta buɗe hannuwa.

Yarinyar ta ruga ta ɓuya a bayan uwarta.

"Ke, Kaka ce fa," in ji uwar. "Kakar da kike ta tambaya."

Yarinyar ta girgiza kai, ta ƙanƙame ƙafar uwar. "Kakata tana cikin waya."

Uwar ta fara faɗa, Gwaggo ta ɗaga mata hannu. Abin ya soke ta, ba ƙarya, amma ba ta ga laifin yarinyar ba. Ta koma kan kujera ta zauna, ta laluba jakarta ta ciro 'yar wayarta mai maɓallai, ta danna lambar 'yarta. Wayar da ke kan tebur ta yi ƙara. Yarinyar ta saki uwarta da gudu ta ɗauka, ta manna a kunne da hannu biyu.

"Kaka!"

"Na'am, ƙawata. Kin ci abinci?"

Yarinyar ta tsaya cak. Ta dubi wayar, ta dubi matar da ke kan kujera, ta sake duban wayar. A hankali ta ajiye ta a kan tebur, ta tako, ta tsaya daf da gwiwar Gwaggo tana kallon bakinta.

"Kin fito?"

"Na fito."

Gwaggo ba ta yi garajen rungumarta ba, kada ta sake gudu. Ta ciro tef ɗin daga jaka ta ce, "Juya in auna ki, riga zan ɗinka miki." Yarinyar ta juya ta miƙe hannuwa. Gwaggo ta ɗora tef ɗin daga wannan kafaɗa zuwa waccan, yatsunta suka taɓa ɗumin wuyan yarinyar, ƙamshin kanta ya shiga mata hanci. Ta duba lambar, idonta ya cika, ba ta ga komai ba. Ta goge da bakin mayafi ta sake ɗorawa. Ta kuma sakewa.

"Kaka, kin auna nan fa."

"Na sani, ƙawata," in ji Gwaggo. "Tsaya dai in sake."